Mun San Man Ayu, Amma Mun San Ayun Kuwa?

Wannan shi ne abin da muka tattauna a shirinmu na muhalli na wannan mako, mun rubuto shi domin wanda bai samu saurare ba, da kuma wanda ya saurara yake son ya ajiye.

In ka shiga wajen masu magungunan gargajiya a New Bell, ko ka zauna kusa da masu sayar da kayan mata a nan Duwala, da wuya ka tashi ba ka ji an ambaci man ayu ba. Haka abin yake a Garwa da Marwa, haka yake a Yola da Kano da Maraɗi. Yanzu ma har a Facebook da WhatsApp ana tallarsa. To amma tambayi mai sayarwa ko mai saye: yaya kamannin ayu suke? Me yake ci? 'Ya'ya nawa yake haifa? Nan za ka ji an yi tsit. Wani zai ce kifi ne, wani ya ce aljanin ruwa ne, wani ya ce rabinsa mutum rabinsa kifi.

Abin mamaki shi ne ayu maƙwabcinmu ne. Yana rayuwa a mashigin kogin Wouri, inda masuntan Youpwé da Manoka ke kamun kifi. Yana cikin kogin Sanaga, yana cikin tafkin Ossa da ke Dizangué kusa da Edéa. A arewa yana cikin Binuwai, yana cikin tafkunan Léré da Tréné na Chadi, yana cikin kogin Kwara har zuwa Nijar da Mali. Shi ne wanda ake kira lamantin da Faransanci. Maganar da muke son ka riƙe a yau guda ɗaya ce: komai na rayuwar ayu a hankali yake tafiya, musamman haihuwarsa, don haka duk ɗaya da aka kashe ana daɗewa ba a mai da gurbinsa ba.

Kifi ne ko dabba?

Ayu dabba ce mai shayarwa kamar saniya da akuya. Huhu gare shi, iska yake shaƙa, haihuwa yake yi, kuma uwa tana ba ɗanta nono. In ya maƙale a ƙarƙashin ruwa ya kasa tasowa, nutsewa zai yi ya mutu kamar yadda mutum zai mutu. Ka riƙe wannan, za mu dawo kansa idan mun zo maganar raga.

Masana suna kiran ayun Afirka Trichechus senegalensis, an ba shi wannan suna tun 1795. Ana samunsa a ƙasashe 21, daga kogin Senegal har zuwa Angola, a ruwan gishiri na bakin teku da kuma ruwan daɗi na koguna da tafkuna. Yana da 'yan'uwa biyu a ƙetare: ɗaya a kogin Amazon, ɗaya a Florida ta Amurka da tsibiran Karebiyan. Akwai kuma ɗan uwansu na nesa mai suna dugon a Bahar Maliya da tekun Indiya.

A kan tudu kuwa, wa kake zaton ya fi kusa da shi a dangantaka? Da yawa za su ce dorina, tunda su biyun ruwa suke. A'a. Giwa ce, sai kuma rema, 'yar ƙaramar dabbar nan da ke zaune cikin duwatsu. Alamar dangantakar tana nan a jikinsa: a bakin hannuwansa akwai farata uku ko huɗu masu kama da na ƙafar giwa, leɓensa na sama kuma yana kama ciyawa kamar yadda giwa ke yi da hancinta.

Yadda Allah ya ƙera shi

Babban ayu yakan kai tsawon mita 3 ko fiye, nauyinsa kuma ya kai kilo 300 zuwa 500, wato kamar ƙosasshen bijimi. Fatarsa toka-toka ce, mai kauri. Ba shi da ƙafafun baya. A madadinsu yana da wutsiya mai faɗi kamar faifai, da ita yake tura kansa cikin ruwa. Hannuwansa biyu na gaba da su yake juyawa, yake takawa a ƙasan kogi, yake kuma kai abinci baki.

Hancinsa yana da marufi. In zai nutse sai ƙofofin su rufe ruf, in ya taso su buɗe. Yakan taso shan iska duk bayan minti uku zuwa biyar, in yana hutawa kuma yana iya kai wa kusan minti ashirin a ƙasa. Kuma ba ya fito da jikinsa, kan hancin kawai yake ɗagowa, ya shaƙa ya koma. A ruwa mai duhu irin na Wouri, sai ayu ya wuce kusa da kwalekwalenka ba ka sani ba. Wannan ne ya sa masunci zai iya shekara da shekaru a ruwa bai taɓa ganinsa ido da ido ba, sai dai ya ga ciyawar da ya ci ko kashinsa yana yawo a saman ruwa.

Ƙasusuwansa ma abin dubawa ne. Haƙarƙarinsa a cike yake tam, babu ramin ɓargo, yana da nauyi kamar dutse. Wannan nauyi ne ke riƙe shi a ƙasa lokacin da yake kiwo, kamar yadda masunci ke ɗaura dalma a gindin raga. Huhunsa kuma dogo ne, a shimfiɗe yake tare da gadon bayansa, shi ke sa ya tsaya a kwance daidai cikin ruwa. Kusan duk dabba mai shayarwa tana da ƙasusuwan wuya bakwai, har raƙumin dawa da dogon wuyansa. Ayu shida gare shi, kuma ba ya iya waiwaye. In yana son ganin abin da ke bayansa, sai ya juya jikinsa gaba ɗaya.

Idanunsa ƙanana ne, kuma a ruwan laka ba su da wani amfani sosai. Abin da yake dogaro da shi shi ne ji da kuma gashi. Fuskarsa cike take da gashin baki masu tauri, jikinsa kuma akwai siraran gashi a warwatse, kowanne yana jin motsin ruwa. Da su yake gane ciyawa, da su yake gane wani abu na tahowa.

Sai haƙora. Babban ayu ba shi da haƙoran gaba, ba shi da fiƙa, na tauna kaɗai gare shi. Ciyawar ruwa tana da yashi, tana cinye haƙori. To sai aka yi masa wata hikima: sabon haƙori yana tsirowa daga can ƙuryar muƙamuƙi, yana turo na gabansa sannu a hankali, wanda ya kai gaba ya gama sudewa sai ya faɗi. Haka layin ke tafiya har ƙarshen rayuwarsa. Ayu ba ya giɓi.

Abincinsa da halinsa

Ayu makiyayi ne. Yana cin ciyawar bakin ruwa, da ganyen da ya sunkuyo cikin kogi, da 'ya'yan itacen da suka faɗo, da ganyen matanda, itatuwan nan da ke tsirowa cikin ruwan gishiri a bakin Wouri. A rana ɗaya yakan ci abin da ya kai kashi 4 zuwa 9 cikin ɗari na nauyin jikinsa. Ka ɗauki ayu mai kilo 400: hakan na nufin kilo 16 zuwa 36 na ɗanyar ciyawa kullum. Hanjinsa dogo ne ƙwarai, abinci yakan yi kusan mako guda kafin ya fita.

Binciken da Dokta Lucy Keith-Diagne ta yi a Senegal da Gabon ya nuna cewa ayun Afirka ba ciyawa kaɗai yake ci ba. Yana haɗawa da dabbobin ruwa masu ɓawo irin su kumba, yana kuma cin kifi. Masunta sun daɗe suna faɗin haka, domin sukan tarar an tsotse musu kifi a raga an bar ƙaya. Daga nan ne rigima ke tashi tsakaninsu da shi, haka ma manoman shinkafa da yake shiga gonakinsu idan ruwa ya cika.

Ban da wannan, ayu ba ya faɗa da kowa. Ba shi da ƙaho, ba shi da haƙorin cizo. Makaminsa ɗaya, ɓuya. A wuraren da ake farautarsa, da rana yakan laɓe a wuri mai zurfi ko ƙarƙashin ciyawa, sai dare ya yi ya fito kiwo. Tafiyarsa ta yau da kullum ba ta wuce saurin mutum mai sassarfa ba, kodayake in ya tsorata yana iya zabura na ɗan lokaci. Yawanci shi kaɗai yake yawo ko su biyu su uku. Ba sa taruwa da yawa sai lokacin barbara, inda maza da dama ke bin mace ɗaya.

Yana bin ruwa kamar yadda Bafulatani ke bin ciyawa. Damina ta sauka, kogi ya cika ya malala cikin fadama, sai ya bi ruwan ya shiga kiwo. Ruwa ya fara janyewa, sai ya koma inda ke da zurfi. Wanda ya makara yakan maƙale a kududdufi. A yankin Matam na Senegal an sha ceto irin waɗannan ana mai da su babban kogi. Madatsun ruwa sun ƙara dagula wannan tafiya. Kainji da aka gama a 1968, da Lagdo da ke kusa da Garwa da aka gama a 1982, da madatsun da ke kan Sanaga, duk sun canza lokacin cikar ruwa da janyewarsa, sun kuma raba na sama da na ƙasa.

Maganar aljanin ruwa fa? Nonon macen ayu a hammata yake, bayan hannuwa, guda ɗaya a kowane gefe. Ka yi tunanin masunci cikin dare, a hasken farin wata, ya hango wani abu mai girman mutum ya ɗago daga ruwa da ɗa manne a gefen ƙirjinsa. Me zai je ya faɗa a gari? Masana da dama suna ganin daga nan labaran Mami Wata suka samu ƙarfi. Su ma Turawa sun faɗa wannan ruɗani: Kolumbus ya rubuta a 1493 cewa ya ga 'yan matan ruwa a Karebiyan, alhali ayu ya gani.

Lissafin haihuwa

To, ga inda gizo ke saƙar. Macen ayu ba ta fara haihuwa sai ta kai shekara uku zuwa biyar. Cikinta yakan yi wata 12 zuwa 14. Ɗa ɗaya take haifa, tagwaye sai jefi-jefi. Ɗan yakan zauna da ita har kusan shekara biyu, yana shan nono, yana koyon inda ciyawa take, da hanyar da ake bi in ruwa ya janye. Suna kiran juna da wani ɗan siririn kuka a cikin ruwa. Saboda wannan doguwar reno, tsakanin haihuwa da haihuwa yakan kai shekara uku ko fiye.

Mu yi lissafi tare. A ce mace ta fara haihuwa tana shekara 5, tana haihuwa duk shekara 3, ta rayu har shekara 35 ba abin da ya same ta. 'Ya'ya goma kenan ko goma sha ɗaya a duk rayuwarta, kuma ba duka za su girma ba, rabinsu ma maza ne. Yanzu kwatanta da akuyar gidanku, wadda kan haihu kusan sau uku a shekara biyu, sau da yawa tagwaye. Ko tarwaɗa, mai zuba dubban ƙwai a damina ɗaya. In an kwashe tarwaɗa a tafki, bayan 'yan shekaru za ta dawo. In an kashe macen ayu mai goyo, an kashe biyu nan take, domin ɗan ba zai rayu shi kaɗai ba, an kuma kashe duk waɗanda za ta haifa nan gaba.

Ayu yana da tsawon rai in an bar shi. Wani da aka rena a Florida, mai suna Snooty, ya kai shekara 69 kafin ya mutu a 2017. Dabba mai tsawon rai da ƙarancin haihuwa an yi ta ne don duniyar da babba ba ya mutuwa da wuri. Banda kada da kan kama ƙanana wani lokaci, babban ayu ba shi da wani maƙiyi a ruwa sai ɗan Adam.

Tarihi ya riga ya nuna ƙarshen irin wannan labari. A 1741 wani masani Bajamushe, Georg Steller, ya ga wani ƙaton ɗan uwan ayu a tekun Bering, can arewa tsakanin Rasha da Alaska. Tsawonsa ya kai mita 8. Mafarauta suka ji labarin namansa da kitsensa. Zuwa 1768 babu ko ɗaya da ya rage a duniya. Shekara 27 kacal.

Kwatanci da damisar teku

Domin ka ƙara fahimtar ayu, bari mu ɗora shi kusa da wata dabba mai shayarwa da ita ma ruwa ne gidanta, kuma girmansu kusan ɗaya. Can ƙarshen kudancin duniya, a Antatika inda teku ke daskarewa, akwai wadda Faransawa ke kira léopard de mer, wato damisar teku, saboda ɗige-ɗigen jikinta. Macen ta fi namiji girma, takan wuce mita 3, nauyinta ya kai kilo 500.

Girman ne kawai ya haɗa su. Damisar teku mafarauciya ce. Tana da fiƙoƙi dogaye, tana laɓewa a bakin ƙanƙara ta cafke tsuntsun fengwin in ya faɗo ruwa, tana kuma kama 'ya'yan wasu dabbobin ruwa. Haƙoranta na ciki suna da tsaga-tsaga, in ta haɗe su sai su zama kamar rariya, ta tace ƙananan jatan lande daga ruwa. A 2003 ɗaya daga cikinsu ta ja wata masaniya 'yar Birtaniya ƙarƙashin ruwa kusa da tashar bincike ta Rothera, ta rasu. Ayu kuwa ko cizo bai iya ba.

Damisar teku tana haihuwa a kan ƙanƙara, ta shayar da ɗanta kamar wata guda, ta yaye shi. Wata guda a can, kusan shekara biyu a nan. Sannan tana da kitse mai kauri da ke kare ta daga sanyin da zai kashe mutum cikin mintuna. Shi ayu, duk da ƙibar da kake gani, yawancin cikinsa hanji ne. Kitsensa bai kai nata ba, jikinsa kuma ba ya samar da zafi da yawa. In ruwa ya yi sanyi ƙasa da digiri 20 na tsawon lokaci, sai ya kamu da ciwo. Shi ya sa ba ya barin ƙasashe masu ɗumi da ruwa marar zurfi. Ita damisar teku tana zaune inda babu gari, babu kasuwa. Ayu kuwa yana zaune daidai inda muke kafa raga, muke wanki, muke tuƙa jirgi.

Abin da ya faru a tafkin Ossa

Tafkin Ossa, a gundumar Sanaga-Maritime, wurin kare namun daji ne mai faɗin kimanin hekta 4,000, kuma wata 'yar hanyar ruwa ta haɗa shi da Sanaga. Yana cikin wuraren da aka fi sanin ayu a Kamaru. A Dizangué ne ƙungiyar AMMCO take aiki, wadda Dokta Aristide Takoukam Kamla, ɗan Kamaru, ya kafa domin kare dabbobin ruwa masu shayarwa.

Wajen 2016 wata baƙuwar ciyawa mai suna salbiniya ta bayyana a tafkin. Asalinta daga Birazil take, tana yawo a saman ruwa kamar kainuwa, amma ta fi kainuwa ɓarna nesa ba kusa ba, domin cikin 'yan kwanaki takan ninka kanta. Kafin 2021 ta rufe kusan rabin tafkin. Ta hana hasken rana shiga, ta danne ciyawar da ayu ke ci, kifi ya ragu, kwalekwale ya kasa wucewa. Ayu ya fara ƙaura, masunta suka shiga wani hali.

Maganin da aka samo ɗan ƙwaro ne da bai kai ƙwayar shinkafa ba, wanda ba ya cin komai sai salbiniya. An gwada shi a wasu ƙasashe kafin nan. Bayan gwaji da izinin hukuma, aka rena shi aka sake shi a tafkin. Cikin 'yan shekaru ciyawar ta ja baya sosai, ruwa ya buɗe, aka koma ganin ayu. Wannan aiki ne ya sa aka ba Dokta Kamla lambar yabo ta Whitley a Landan a 2024. Ƙungiyar tana kuma da wata manhajar waya mai suna Siren, wadda masunta ke aika hoto da wurin da suka ga ayu ko wata dabbar ruwa.

Darasin Ossa a fili yake. Abin da ya kori ayu shi ne ya kori kifi. Ayu kansa yana yi wa ruwa aiki: yana rage ciyawar da ke toshe hanya, kashinsa kuma taki ne ga ƙananan halittun da kifi ke ci. A ƙasar Guyana ta Kudancin Amurka har sakin ayu aka riƙa yi a magudanan ruwa domin ya share ciyawa.

Raga, mashi da kwalba

Abubuwa uku ne suka fi kashe ayu a yankinmu. Na farko raga. Masunci ya kafa kalli da yamma ya tafi gida, ayu ya zo cikin dare ya sarƙe, ya kasa tasowa shan iska. Ƙanana sun fi faɗawa wannan. Na biyu lalacewar mazauninsa: sare matanda don bandar kifi da gini, da dattin gari da ke gangarawa Wouri, da jirage masu inji. Na uku farauta da gangan. Mafarauci yakan kafa ɗan dandamali a ruwa, ya sa rogo ko ciyawa a matsayin tarko, ya kwana yana jira da mashi. Ana sayar da naman, ana narka kitsen, ana kai fata da ƙashi da sauran sassa wajen masu magani.

A nan ne maganar ta iso ƙofar gidanmu. Mu Hausawan Duwala yawancinmu ba masunta ba ne, 'yan kasuwa ne. Amma kasuwar man ayu da harshenmu ake cinta. Ana sayensa don ciwon kunne da ciwon gaɓoɓi, an fi sayensa kuma don sha'anin aure da abin da ake kira mallaka. Babu wani binciken likitanci da ya tabbatar da cewa wannan mai yana yin abin da ake faɗa. Kitse ne na dabba. Ciwon kunne kuwa, ɗiga mai a ciki ba tare da an duba ba yana iya ƙara ɓata shi, musamman in dodon kunnen ya huje.

Hajiya, ke da kike saye, ki yi wannan tunani. Dubi yawan kwalaben da ake tallatawa daga Duwala har Sakkwato, ki tuna dabbar da ke haihuwar ɗa ɗaya a shekara uku. Abu biyu ne, dole ɗaya ya kasance. Ko dai abin da ke cikin kwalbar ba man ayu ba ne, an karɓi kuɗinki a banza. Ko kuwa na gaske ne, an kashe dabbar da doka ta hana kashewa. Ko wanne ne, ba riba.

Wani mai sauraro ya aiko da tambaya ko naman ayu halal ne. A mazhabar Malikiyya da muke bi, dabbobin ruwa halal ne, wannan sananne ne. Sai dai halaccin ci bai ba mutum izinin ƙarar da halitta daga doron ƙasa ba, bai kuma ɗauke masa dokar ƙasar da yake zaune ba. Ka tambayi malamin unguwarku game da ɓarna da almubazzaranci, za ka ji.

Abin da doka ta ce

A Kamaru ayu yana rukunin A, wato dabbobin da aka haramta kashewa ko kamawa kwata-kwata. Dokar gandun daji ta 20 ga Janairu 1994 ta tanadi tarar CFA miliyan 3 zuwa miliyan 10 da ɗaurin shekara ɗaya zuwa uku ga wanda ya kashe irin waɗannan dabbobi. Ta kuma ce duk wanda aka samu da wani sashe na dabbar, ana ɗaukarsa kamar shi ya kashe. Sabuwar dokar da ta maye gurbinta a Yulin 2024 ta ƙara tsananta hukunci. Ma'aikatar gandun daji da namun daji, MINFOF, ita ke kula da wannan. A 2018 gwamnati ta ɗaga matsayin gandun Douala-Edéa ya zama babban gandun ƙasa, aka haɗa da wani yanki na teku da dazukan matanda.

A Najeriya ma dokar kare dabbobin da ke fuskantar ƙarewa ta 1985 ta haɗa da ayu. A matakin duniya, taron yarjejeniyar CITES da aka yi a Bangkok a 2013 ya sa ayun Afirka a rukuni na ɗaya, wanda ya haramta cinikinsa tsakanin ƙasashe. Alhaji mai safara tsakanin Kamaru da Najeriya ko Chadi, ka lura da kyau: kwalbar man ayu a cikin kayanka tana iya jawo maka abin da ya fi kuɗin kayan gaba ɗaya.

Me ya rage gare mu?

In kai mai saye ne, ka bari. Ranar da aka daina tambaya, ranar mafarauci zai ajiye mashi. In kai mai sayarwa ne, kayan da za ka ci halal da su ba tare da fargabar hukuma ba suna da yawa. In kai masunci ne, a Youpwé kake ko Mouanko ko bakin Lagdo, kada ka tare bakin hanyar ruwa da raga daga gaɓa zuwa gaɓa, ka riƙa duba ragarka akai-akai, in ka tarar da ayu da rai ka sake shi, ka kuma sanar da jami'an gandun daji mafi kusa. In kana tuƙa jirgi mai inji a ruwa marar zurfi, ka rage gudu. In ka ga ɗan ayu shi kaɗai, kada ka ɗauke shi zuwa gida, sau da yawa uwar tana kusa.

Yaranmu da ke tasowa a New Bell sun san zaki da giwa a littafin makaranta, amma ba su san akwai dabba mai nauyin bijimi da ke kiwo cikin dare a ruwan da ke bayan garinsu ba. Ka ba su labarinsa yau. A shiri na gaba za mu duba matanda da bandar kifi, da yadda za a ci moriyar dajin ba tare da an ƙarar da shi ba. Kafin nan, muna jiran tambayoyinku da saƙonninku kamar yadda kuka saba.